Layin Benin na Inna Dela

"Manu, kai ne ka cuce ni, kuma yau sai ka amsa a gaban mutane!"

Inna Dela ta dangwara waya a teburin Manu mai gyara. Tun daga ƙauyensu na bakin iyakar ƙasar Benin ta hawo acaɓa zuwa kasuwar Bagudo, bakinta bai huta ba. Nan da nan jama'a suka taru.

"Samarin nan masu waƙa da rawa, masu gashi kamar an tsoma a rini! Ba kai ka nuna wa jikata Safina inda ake kallon shirinsu ba? Ka ce sai da layin Benin yake buɗewa. Kullum da la'asar tana bakin gona, ta ɗaga waya sama tana farautar sabis!"

Dattawa suka gyaɗa kai, wani ya ce yaran yanzu sai addu'a.

Manu ya durƙusa. "Inna, ki yi haƙuri. Da aka kawo wayar gyara jiya, na cire layin, na goge komai."

"To ai cutar kenan! Wa ya aike ka? Safina riƙe min waya kawai take, ni ce mai kallon. A shirin an kori autan samarin daga ƙungiya, yaro maraya, na baro shi yana kuka a tasha. Tuwo ma ya ƙi ciyuwa. Mayar min da layina yanzu! In kuma na tarar ba su dawo da yaron nan ba, Manu, kai za ka amsa!"