Tabarmar Makoki a Lewisham

Ina ƙarama Baba ya ji rasuwar wani Bature ɗan majalisar ƙasar da muke zaune, ɗan jam'iyyar ma'aikata, wanda ya tsaya masa lokacin da za a kore shi daga ƙasar yana ɗalibi. Bayan la'asar ya ture kujerun falonmu a unguwar Lewisham, ya shimfiɗa tabarma, ya zauna karɓar gaisuwa. Ya sanar da abokansa, amma ko mutum ɗaya bai leƙo ba.

Can ya dube ni ya ce, "Ke ma ba za ki ce mini ya haƙuri ba?"

Na ce, "Sorry, Dad," na koma kallon talabijin.

Bara Baba ya rasu, a kan tabarmar nan na karɓi gaisuwarsa. Yanzu na iya faɗin kalmar sarai, wanda ya roƙe ni ita ne babu.