Sunan Maganin Tarin

Tun tana budurwa Barira Ɗangambo take tona asirin masu jabun kaya a talabijin. Yanzu an kafa doka: kowace na'ura sai ta haɗiye sunan duk hajar da aka kawo ƙararta.

Ranar Talata ta gayyato Hansatu, wadda maganin tari ya kashe wa ɗa. Hansatu ta faɗi sunan maganin tana kuka. Murya ta ɗauke, duhu ya rufe bakinta a allon.

Wani magidanci ya bugo waya. "Hajiya, don Allah wane magani ne? 'Yata na tari, yanzu na sayo mata wani."

Barira ta faɗa, ta sake faɗa da ƙarfi.

"Ban ji ba, Hajiya. Bari dai in ba ta wannan."

Kafin ta ce ya dakata, ya kashe wayar.