Hannun Mai Fitila

Ana tashi daga gwajin wasa, jarumar ta tsaya a tsakiyar dandali, ta ɗaga kai ta dubi mai fitila.

"Yau ka bar ni a duhu ina tsaka da waƙa. Ba halinka ba ne."

Ya sauko daga tsani yana naɗe waya. "Na ji masu fim sun ɗauke ki. Hannuna ne ya yi rawa."

Ta harare shi, murmushi na neman ƙwace mata. "Shekara da shekaru kana bina da haske daga nesa. To, Baba yana gida ranar Asabar. Ko can ma hannun zai yi rawa?"

Wayar ta suɓuce masa, bai ko duba ta ba.

"Ƙarfe nawa?"