Karin Hular Malam Tanimu

Tun da aka kafa dokar madubi, ƙofar gida ba ta buɗe wa namiji sai ya yi shigar da madubin ya zaɓa masa. Ranar jana'izar Isyaku, wanda ya kafa mujallar maza ta Kwalisa, Malam Tanimu ya karya hularsa gefe, yadda mujallar ta koya musu suna samari, ba yadda madubi ya zaɓa masa ba. Ƙofa ta ƙi buɗewa.

Ya yi ta kai-komo a zaure.

"Malam, daidaita ta mana," in ji matarsa Talatu. "Za a sallace shi ba ka nan."

"In na daidaita ta, da wace fuska zan raka Isyaku?"

Ya sake tura ƙofar, ko motsi. Daga lasifikar masallaci ya jiyo kabbarar farko. Sai ya fuskanci gabas a nan zauren, ya ɗaga hannu ya bi su.