Faifan Wasan Yaƙi

Mari na biyu ne ya fasa mini leɓe. Yaya Suma'ila ya shaƙe ni, yana nuna tsohuwar kwamfutarsa.

"Nomau, uban me ka taɓa? Wasan yaƙin ya ƙi tashi! Da hayarsa muke ci cikin farin nan!"

Na rantse ban taɓa ba. Ya kashe, ya kunna, shiru. Ya haure ni. Da ya buɗe wurin faifai, wayam.

Sai ga Inna daga gonarmu ta hanyar Droum, tana murna.

"Suma'ila, Allah ya yi maka albarka! Madubin nan mai huji da ka bari kan tabarma, na rataye shi a gona. Yau ko tsuntsu ɗaya bai taɓa ɗan geronmu ba. Kai Nomau, wa ya fasa maka baki?"