Guzar Ƙarshe a Kudenda

Namun daji na ƙarewa a bakin kogin Kaduna, kuma a duk faɗin garin Derrick ne kaɗai abin ya hana sukuni. Shi ɗin ma, a ganin matarsa Debby, da ya samu aikin gwamnati da tuni ya warke.

Shekara uku ke nan yana ɗaukar fim ɗin guza a bayan masana'antun Kudenda. Da ya fara, guda goma sha ɗaya ne. Yanzu saura ɗaya, mace mai guntun jela, wadda ya raɗa wa suna Ruth. Wata ƙungiyar Turawa ta yi alkawarin killace gaɓar idan ya nuna musu ita a raye kafin ƙarshen wata.

Derrick ba ya aikin ha'inci. Sai ya kwashe kwanaki yana rarrafe cikin laka, yana bin sawu har ya gano rami. Sannan ya ɗaure ƙaramar kamara a bishiyar kusa, ya ƙulla jan ƙyalle a reshe don kada wurin ya ɓace masa, kamar yadda aka koya musu a wata bita. Bayan kwana biyu kamara na nan tana ɗaukar rami da aminci, sai dai mai ramin ya shiga farfesu a Sabon Tasha.

Ranar Talata da safe ya gano sabon ramin Ruth, ya yi yadda ya saba. Daga nan ya zarce gidan Baba Zakariyya'u, tsohon maharbin da kowa ke zargi, don ya roƙi alfarmar mako biyu kacal.

Tsohon ya ba shi kujerarsa ta kansa. Ya tambayi gwiwoyinsa, ya gargaɗe shi da sanyin laka, da ya ji Debby na nema masa aiki a Abuja kuwa har ransa ya ɓaci. Idonsa ɗaya ya yi fari, da sanda yake tafiya. Tsakar gida shiru, ko haushi babu. Derrick ya ji kunya ta rufe shi, ya haɗiye roƙonsa. Don dai a yi hira, ya tambayi ina shahararrun karnukan farautar nan da ake labari.

Baba ya miƙe a hankali, ya ciro buhunsa na farauta daga jikin ƙusa.

"Shekara uku da na rabar da su, ɗana. Ka fi su hanci, kuma ba ni nake ba ka abinci ba."