Kalandar Ɗan Sama

Ranar Asabar 'yar mai gidanmu ta sha kunya. Ta ci kwalliya, ta tara kawunnanta a falo suna jiran masu neman aure, har ƙanƙarar lemo ta narke ba wanda ya leƙo. Ashe a shagon saurayinta, mai gyaran waya da muke kira Ɗan Sama, ta hango kalanda an zagaye ashirin ga wata da jan biro: "Neman aure."

Da yamma ta dira shagon, ina ciki. Ni caji na kai, ba gulma ba.

Ta tsaya tana kallonsa, shi yana kallon ƙasa.

"Kalandar nan ba tamu ba ce," ya ce a hankali. "Ta duniyar da nake ƙirƙira ce a littafina. Makonsu kwana tara, shekararsu wata goma sha huɗu. Sarkinsu ne zai nemi aure."

Ta ce, "Sarkin ma ya fi ka zuciya."

Ya nuna kalandar a bango. "Dubi watan ƙarshe. Sunanki na sa masa."

Na ce, "Iye, amarya, kin haye!"

Ta harare ni, ta koma kansa. "Riƙe abinka. Ka ba ni wata sukutum a duniyar da babu ita, ka kasa ba ni rana ɗaya a wannan."